Kada a Raba Mu da Akushin Ƙofar Gida

Ranka ya daɗe Hakimi, uban taro. Allah gafarta Liman. Dagatai da masu unguwanni. Arɗo da jama'arsa. Iyayenmu mata da ke saurare ta bayan danga. Jama'ar Roni baki ɗaya, assalamu alaikum.

Ni Muhammadu Lawal, malamin tsafta, ina godiya da aka ba ni damar magana, ko da yake tun jiya nake rubuta jawabin nan ina sokewa.

Na farko. An kawo shawarar a hana ciyayya, a daina fito da tuwo ƙofar gida ana haɗa hannu, kowa ya ci a kwanonsa saboda cuta. Yau Hakimi zai ce a yi shela ko a fasa. Ni da ba na yarda da abu sai na gwada, na roƙi Kawu Daudu ya fara.

Na biyu, abin da na gani. Kawu, wanda a ciyayya sai an janye akushi yake tuna alhamdu lillahi, ya zauna a ɗaki da kwano da cokali. Kafin wata ya mutu wando ya fara zame masa. Matarsa, Inna Dela, ta tare ni ta ce, "Malam, me ka yi wa kawunka? Yana kallon tuwo, tuwo na kallonsa, kamar surukai!"

Na tambaye shi, ya ce, "Ɗan nan, loma ba ta wucewa sai da gardama. Da wa zan yi musu, da cokali?"

Ita ma Inna ta rage daddawa. Ta ce tunda akushi ba ya fita, wa zai yaba? An ce hannu da yawa maganin ƙazamar miya. Bai dace malamin tsafta ya kawo wannan karin magana ba, amma na kawo.

Na uku, kuma nan ba wasa. A ciyayya akusan da ke fitowa ba su kai yawan masu zama ba, kuma ba a taɓa ƙirgawa ba. Akwai wanda matarsa ta rasu, akwai wanda rumbunsa ya ƙare tun tsakiyar damina. Yana zama, yana ci, har ya kushe gishiri kamar kowa. In aka watsa ciyayya sai ya roƙa, kuma a cikinmu akwai wanda gara ya kwana da yunwa da ya buɗe baki.

Mai yiwuwa na yi kuskure, na saba. Amma roƙona, ranka ya daɗe, a bar akushi, a ƙara buta da sabulu. Mai tari a zuba masa nasa, amma ya zauna cikinmu.

Allah ya ja zamanin Hakimi, ya cika rumbuna, ya rufa asirin wanda bai faɗa ba. Na gode.