Alwalar Sadiq da Dabino

Assalamu alaikum Malam mai gabatarwa, barka da aiki. Maman Sadiq ce daga Hayin Banki.

Ɗana Sadiq yana da lalurar jinkirin fahimta. Ya girma, amma alwala ta gagare shi. Mun yi faɗa, babansa har bulala ya ɗauka, sai yaron ya koma gudun buta.

Wata maƙwabciyarmu ma'aikaciyar asibiti ta ce in daina haɗa masa duka lokaci guda. Sai na fara da wanke hannu kaɗai, ina kama masa. Da ya yi daidai, nan take in ba shi ɓarin dabino, in ce madalla. Da ya iya, muka koma kurkurar baki. Haka muka bi har ƙafa. Yanzu shi kaɗai yake yi.

Damuwata, ba ya tashi daga wurin sai ya ga dabino, ko a masallaci ne. Masu sauraro, yaya zan janye masa ba tare da ya bar alwalar ba?

Ina gaida babansa, wanda jiya yana idar da alwala, Sadiq ya miƙa masa dabino ya ce, "Madalla, Baba."