Ranar da Alƙali Ya Kori Ƙarar Maigidana

'Yan'uwa, salamar Yesu Almasihu ta tabbata a gare ku. Sunana Ladi. Na daɗe ina jin kunyar tsayawa a gabanku, yau dai Ubangiji ya ba ni ƙarfi.

Maigidana malamin gona ne a Ƙiru. Ana saura kaɗan ya yi ritaya, shugabansu ya yi masa canjin wurin aiki zuwa can ƙuryar Doguwa, alhali ya san yana fama da ciwon suga. Muka kai ƙara kotu a Kano. Ya tafi Doguwa don kada a kore shi, shari'a kuwa yau a ɗage, gobe a ɗage. Kullum addu'ata ɗaya ce: Allah ya kunyata shugaban nan nasu.

Da aka sa ranar hukunci, na tashi a nan majami'a na ce nasara tamu ce. Na cika mota da matan zumunta, kowace da ankonta, har da tulun kiɗa.

Alƙali ya dubi lauyanmu ya ce, "Ba ya yi ritaya watan jiya ba? To, wane canjin aiki zan soke? Babu sauran abin da kotu za ta yanke." Ya kori ƙarar, aka kira ta gaba.

Muka kamo hanyar gida. Na rufe fuska da gyale. Tun daga ranar na daina zuwa sujada, ko rijiya sai na aiki yara.

Wata safiya na iske maigida a gona ya durƙusa, yana roƙa wa shugaban nasu albarka. Na ce, "Malam, shi ɗin?"

Ya ce, "Ladi, kotu ta sallame shi, gwamnati ta sallame ni. Ke kaɗai kika rage a tsare."

Nan na zube cikin kunyar dawa ina kuka. Na ce, "Ya Yesu, na gaji da ɗaukar mutumin nan a ƙirjina, ka sauke mini." Ya kuwa sauke. Ran kasuwar Ƙofa muka haɗu da shugaban nasu, ni na fara gaishe shi, na tambayi iyalinsa.

Ban zo da hukuncin kotu ba, 'yan'uwa, amma ina barci, ina ci, ga ni kuma a tsakiyarku. Godiya ga Allah. Wanda ke jiran ranar da za a wanke shi, ya dogara ga Yesu tun yau. Amin.