Barewar Cikin Littafi

A gaban teburin mai sayar da littattafai, wani dattijo maharbi ya dangwarar da ƙaton littafi mai hoton giwa a bango, ransa a ɓace.

"Kai ka sayar wa ɗana wannan?"

"Zai yiwu, Baba, ɗalibai da yawa na saye. Na koyon kula da namun daji ne. Wani shafi ne ya ɓace?"

"Hankalin yaron ne ya ɓace! Ya zo hutu, ya bi daji ya kwance mini tarkuna kaf, ya watsa a kogi. Wai littafi ya ce dabbobi na ƙarewa."

"To ai ba ni na rubuta ba."

"Amma kai ka miƙa masa! Da tarkunan nan na ciyar da shi har ya yi gemu, yau shi zai koya mini daji?"

Ya fizgi littafin yana buɗe shi kamar zai yaga, sai idonsa ya faɗa kan wani hoto. Ya dangwala masa yatsa.

"Dubi nan, wai barewa! Ko ƙahon ba su zana daidai ba. Ni na san barewa. Ta ƙarshe a dajinmu ma ni na harbe ta, lokacin ko yaye yaron nan ba a yi ba!"

Mai littattafai ya ɗago ya dube shi.

"To Baba, in ba a littafi ba, a ina kake so ya gan ta?"

Dattijon ya rufe shafin. Ya maƙale littafin a hammata, ya juya ya tafi ko sallama babu.