Rijiyar da Attahir Ya Bari Babu Suna

Assalamu alaikum.

Shugaban wannan taro, mai girma Perfe mai mulkin gundumarmu, magajin garin Tarka, iyayenmu sarakuna, limamai da fasto, malaman lakwal, makiyayan da suka baro dabbobinsu a Tenhya da Belbeji, iyaye mata, jama'a baki ɗaya, ina gaishe ku gaisuwar girma. Ina godiya da kuka zo shaida rataye taswirar marigayi Malam Attahir a wannan lakwal da ya koyar shekara talatin. Sunana Mato. Ba ni da boko, ba ni da sarauta. An ba ni magana ne don ni taubashinsa ne, shekara sittin ina tsokanarsa bai taɓa fushi ba.

Magana ta farko, ku dubi wannan ƙyalle da kyau. Ƙasar da ke jikinsa babu ita a duniya. Ba za ku ga Tanut ba, ba za ku ga Damagaram ba, domin Attahir shekaru ya zana. Kun san mu mutanen daji ba mu kiran shekara da lamba, suna muke ba ta: shekarar fara, shekarar ƙazwar raƙuma, shekarar da kwarin Tarka ya cika har ya ci awaki. Ya bi kasuwa kasuwa, rumfa rumfa, yana tambayar tsofaffin Abzinawa da Fulani da Hausawa. Ya mai da kowace shekara rijiya, ya rubuta sunanta, ya ja hanya daga wannan zuwa waccan. Shekarar albarka ya kewaye ta da ciyawa, shekarar wahala ya kewaye ta da rairayi. Na ce masa, "Attahir, mutane na haƙa rijiya a ƙasa, kai kana haƙa a zane. Raƙumin wa za ta shayar?" Ya yi dariya ya ci gaba da tsoma alƙalami.

Magana ta biyu, rijiyoyin nan sun shayar, kuma da idona na gani. Wata tsohuwa, Kadi, ta zo neman takardar haihuwa, aka tambaye ta shekarunta, ta ce ita dai an haife ta shekarar fara. Attahir ya ce ta ɗora yatsa a kan rijiyar, ta biyo hanya suna ƙirgawa. Da suka zo rijiya ta tara sai ta tsaya, ta ce, "Malam, dakata. Nan na baro uwata." Ta daɗe yatsan yana wurin. Daga ranar na daina yi masa dariya a kan ƙyallen, sai dai a kan sanƙonsa.

Magana ta uku ita ce mai nauyi, kuma tawa ce. Ku dubi tsakiya, akwai rijiya ɗaya babu suna. Shekarar babban fari ce, shekara arba'in ke nan. Kowane gari da yadda yake kiranta, Attahir bai rubuta ko ɗaya ba. A waccan shekarar ya zo har rugarmu ya ce, "Mato, ku yi kudu tun ƙafa na ɗaukar ku." Na ƙi. Shanuna suna da ciki, na ce sai sun haihu, na ce rijiyar Tenhya ba ta taɓa ƙafewa ba. Ta ƙafe. Muka tashi a makare, babu nono, babu ruwa. Ƴata Nafisatu, mai shekara uku, ta cika a kafaɗata kafin mu iso Tarka. Na binne ta gindin wata aduwa. Da na koma bayan damina an sare aduwar, har yau ban san wurin ba.

Attahir bai taɓa ce mini ai na gaya maka ba. Abin da yake cewa duk shekara shi ne, "Mato, wannan rijiyar taka ce. Ka ba ta suna in rubuta." Ni kuwa sai in kawo wasa, in ce idona ba ya ganin rijiyar zane. Tsoro nake ji, jama'a, tsoro da kunya. A jinyarsa ta ƙarshe ya sake tambayata, na ce sai ya warke. Bai warke ba.

Uwar yarinyar ta rasu, Attahir ya rasu. Ni kaɗai na rage da na san an taɓa yin ta. In na tafi da bakina a rufe, ba ta da kabari a ƙasa, ba ta da wuri a zane.

Malam Ila, kai da ke riƙe da wannan lakwal, ga alƙalamin marigayi na zo da shi. Ban iya rubutu ba. Ka tashi ka rubuta mini, gaban jama'a: Shekarar Nafisatu. Duk wanda ya baro nasa a hanyar nan, ya zo ya ɗora yatsa, wurin zai ishe mu.

Attahir, na makara, yadda na saba. Ka yafe mini.

Allah Ya jiƙansa, Ya haskaka kabarinsa, Ya jiƙan waɗanda muka binne ba alama. Allah Ya ba mu damina mai albarka, kada Ya sake nuna wa jikokinmu rijiyar rairayi. Allah Ya mai da kowa gidansa lafiya.

Na gode.