Ranar da Malam Me-ka-gani Ya Kwanta a Kan Direba

Da sunan Allah mai rahama mai jinƙai, wanda rai da ajali ke hannunsa. Assalamu alaikum.

Mai girma shugaban hukumar makarantu, shugabar makarantarmu, dattawan unguwa da limamanmu, shugabannin direbobi da na kanikawan bakin titi, waɗanda na san ba da sauƙi suka tako cikin wannan zaure yau ba, malamai abokan aikina, Inna, mahaifiyar marigayi, Mama, matarsa, Baffa, yayansa, 'ya'yansa da nake ɗauka tamkar ƙannena, ɗalibai na da da na yanzu. Ina yi mana gaisuwa baki ɗaya. Allah ya ba mu haƙuri.

An ce ni zan yi magana saboda na zauna a ajinsa ina yarinya, na kuma dawo na koyar a ajin da ke jikin nasa. Bango ɗaya ne tsakaninmu. Idan ya ɗaga murya, ɗalibaina sukan daina saurarona su koma sauraronsa, ni ma in bi sahu.

Sunansa na gaskiya yana kan takardar da aka raba muku, amma a nan babu mai kiransa da shi. Malam Me-ka-gani muke cewa. Ka karanta masa shafi guda, sai ya ɗora hannu kan littafin ya rufe, ya ce, "To, me ka gani?" Idan ka fara ba shi labarin abin da ya faru, sai ya ce, "Wannan ai kowa ya ji. Ni abin da ka gani nake tambaya."

Ya kasance malamin adabi, kuma duk wanda ya ratsa ajin ƙarshe a makarantar nan ya san tsohon littafin nan mai jan bango da yake koyarwa. Ga waɗanda ba su karanta ba, labarin wani gari ne da fari ya kama, har rijiya ɗaya ta rage musu. Ruwan yana ja baya, zukata suna zafi. Sai zargi ya faɗa kan wani baƙo da ya taɓa yashe musu rijiyar, aka ce shi ya yi mata wani abu. Suka kwance igiyar guga suka ɗaure masa wuya da ita, suka ja shi a kan tsakuwa daga bakin rijiya zuwa bayan gari, har fatar bayansa ta saɓule, har ya daina motsi. Da gari ya waye mata suka wanke igiyar, aka mayar da ita jikin guga, aka ci gaba da jan ruwa.

Mu a lokacin, jinin kawai muke gani. Shi ya nuna mana sauran. Ya nuna mana cewa a farkon littafin duk wanda ya leƙa rijiyar yakan ga fuskarsa, amma da ruwan ya yi nisa sai marubucin ya daina ambaton fuskar kowa, ya koma cewa "hannaye" da "ƙafafu" da "muryoyi". Ya nuna mana cewa igiyar da ke shayar da su ita ce ta kashe mutum, ba a sayo wata sabuwa domin mugunta ba.

Wata rana ya shigo da igiya ta gaske, ya ɗaura bakinta a ƙafar teburinsa, ya ce duk ajin mu riƙe. Muka riƙe muna dariya. Ya ce mu ja. Teburin ya kife, ƙafar ta karye, alli da littattafai suka watse. Ya tsaya ya dube mu.

"Wa ya karya mini tebur?"

Ya nuna na gaba, yaron ya ce shi ai turo shi aka yi daga baya. Ya nuna ta baya, ta ce ita riƙewa kawai ta yi. Ya bi mu ɗaya bayan ɗaya, babu wanda ya karya.

"To, ashe teburin ne ya karya kansa," in ji shi. "Yanzu kun san abin da ya sa marubucin bai ba su wuƙa ba. Wuƙa hannu ɗaya take ɗauka, kuma mai hannun ya san kansa."

Shugaban makaranta na wancan lokacin ya yi faɗa sosai a kan teburin. Malam ya gyara shi da kansa, ya bar shi da ɗingishi, kuma a kansa ya ci gaba da koyarwa.

Ni na taɓa rubuta masa cewa jigon littafin shi ne ɗan Adam mugu ne, a bar shi da yunwa da ƙishi kawai a ga halinsa. Na ɗauka na burge. Ya dawo mini da takardar da maki kaɗan, ya ce, "Kin manta da tsohuwa mai gawayi." Akwai wata tsohuwa a littafin da aka miƙa mata igiyar, ta ƙi karɓa, ta cusa hannayenta cikin zane. Na ce, "Malam, ai ba ta ceci kowa ba." Ya ce, "Ba ta ceta ba. Amma tunda ta ƙi, babu sauran wanda zai ce dole aka yi masa."

Ya kasance mai zafin zuciya, kuma ba zan ɓoye wannan don ya rasu ba. Mama ta fi ni sani. Akwai tabo a bayan hannunsa na dama, shi da bakinsa ya gaya mana haƙorin mutum ne, wani da ya naushe a ƙuruciya saboda zagi. Ya ce mutumin ya ƙare rayuwarsa da wawulo, shi kuma da kunya. Shi ya sa idan ransa ya ɓaci za ka ga ya mayar da hannayensa baya ya harɗe. Yakan ce, "Kada ku karanta littafin nan kuna ganin wasu ne. Ni na san inda nawa sharrin yake kwance."

Ya kasance mai tsayawa bayan an tashi, yana bita da waɗanda aka bari a baya. Ya kasance mai bin yaro har gida idan ya daina zuwa. Ya kasance mai rigima da mu malamai a kan bulala, har wasu suka daina shan shayi tare da shi.

Yanzu zan faɗi abin da ya faru, domin an yi ta faɗarsa iri-iri, ni kuwa ina wurin.

An tashi daga makaranta, yara sun cika bakin ƙofa. Tifa ta gangaro ɗauke da yashi, birki ya tsinke. Direban ya ga yaran, ya karkatar da motar ya daki katangarmu. Gefen motar ya kama wata yarinya 'yar aji ɗaya, ya karya mata ƙafa. Ni na ɗauke ta, ƙashin ya huda fata, tana ihu. Tana da rai. Na faɗa da ƙarfi cewa tana da rai, amma wata murya ta riga ni, ta ce ya kashe yara.

Mutane suka fasa gilashi suka jawo direban ta taga. Kafin ƙafarsa ta taɓa ƙasa an fasa masa baki. Mutumin ya faɗi yana cewa, "Birki ne, wallahi birki ne," aka sa masa takalmi a fuska. Na ga sanda, na ga ƙarfen taya, na ga bel. Na ga masu shago, na ga kanikawa, na ga masu wucewa da ba su san ma me aka yi ba. Na kuma ga fararen riguna irin namu, da bajen makarantar nan a ƙirji. Wani ya mirgino taya. Wani ya tsiyayo fetur daga babur a cikin gora. Aka fara tambayar wa ke da ashana.

Malam ya fito daga ƙofa da alli a hannunsa. Bai yi wa kowa wa'azi ba, babu mai ji. Ya kutsa, ana tunkuɗe shi yana tunkuɗewa, ya fizge tayar daga wuyan direban ya wurgar, sannan ya kwanta a kansa, ya rufe kan mutumin da ƙirjinsa. Fetur ɗin da aka watsa, a bayan Malam ya sauka.

Na ji yana kiran ɗalibansa. Ba zaginsu yake ba, sunayensu yake kira, ɗaya bayan ɗaya, kamar yana kiran rajista. Duk wanda ya ji sunansa sai hannunsa ya sauka. Na ga yaro ya saki bel ya tsaya yana kallon tafinsa. Da'irar ta fara buɗewa, mai ashana ya ja baya. Amma na baya ba su ji ba, suna ta jifa ta saman kawunan na gaba. Sanduna sun karya masa haƙarƙari. Sai wani ya ɗauko bulo daga katangar da ta rushe, ya ɗaga da hannu biyu, ya sake shi. A ƙeyar Malam ya sauka. Da jin ƙarar aka fara watsewa. Kafin motar 'yan sanda ta iso, titin ya zama wayam, sai takalma da duwatsu da mutum biyu kwance cikin jini.

Ya farfaɗo a asibiti, ya yi 'yan kwanaki. Ranar da ya gane ni, abin da ya fara cewa shi ne, "Yarinyar fa?" Na ce an ɗaure ƙafar, za ta taka. Ya ce, "Direban fa?" Na ce yana ɗakin da ke kusa, ya rasa ido ɗaya amma zai rayu. Ya lumshe ido. Can ya ce, "'Yan ajin ƙarshe ba su gama littafin ba, ga jarrabawa ta matso. Ki ƙarasa musu. Kada ki ba su amsa, ke kin cika tausayi." Mama tana zaune a gefen gado, ta ce, "Kai ko a nan ma aji kake?" Ya yi ƙoƙarin dariya, haƙarƙarin ya hana shi. Jinin da ya taru a kansa ne ya tafi da shi.

Inna, kin haifi ɗa, kin kuma ga abin da ya yi da rayuwar da kika yi rainonta. Ba mu da kalmar da za ta kai nauyin abin da ke zuciyarki. Mama, kin ba mu aron mijinki shekara da shekaru, yana dawo miki a gajiye da ƙurar alli a riga, mu kuma muka mayar miki da shi a haka. Ki yafe mana. Ƙannena, ubanku bai mutu a kan kuskure ba. Ya ga tayar, ya ji warin fetur, ya san abin da yake yi.

'Yan sanda sun zagaya shago-shago, sun shigo aji-aji. Amsa ɗaya suke samu: jama'a ce. Jama'a ba ta da hannu biyu. Mutum ne ya sunkuya ya zaɓi bulon nan, kuma akwai waɗanda suka tsaya kusa da shi suka ga fuskarsa. Wasunsu suna cikin zauren nan.

Ɗalibai, yanzu da ku nake. Na san abin da ake ƙullawa. Na san an yanke cewa kanikawa ne suka yi, na san an ce bayan taron nan za a je a ƙone garejinsu. Jarkar da aka ɓoye a bayan ɗakin gwaje-gwaje tana ofishin shugabar makaranta tun safe. A garejin nan akwai tsoho mai faci wanda shi ya cire rigarsa ya ɗaure kan Malam, shi ya tare motar da ta kai shi asibiti. Da shi za ku fara, ko da yaransa? Kun tabbata bulon ba daga hannun mai farar riga ya fito ba? Ni ban tabbata ba.

Na tambayi Mama jiya abin da take so in faɗa a madadinta. Ta ce, "Ki gaya musu ba na son a taɓa kowa da sunan mijina. Wanda ya yi, ya je gaban alƙali da ƙafarsa. Wanda ya gani, ya faɗa. Ba na son a kawo mini shi a daddake, na ga yadda dakakken mutum yake." Ofishin shugabar makaranta a buɗe yake, Baffa ma ya ce duk wanda ke jin tsoro ya same shi, zai raka shi da kansa.

Ita ce kuma ta aika aka ɗauko direban. Ga shi can zaune kusa da Baffa, da bandeji a fuska. Direban ya ce ba zai iya shigowa ba, ta ce idan bai zo ba ita ma ba za ta zo ba. Idan an tashi, Baffa zai riƙe masa hannu, domin bai saba sauka matakala da ido ɗaya ba tukuna. Ta babbar ƙofa za su fita, ta gabanku. Ku ba su hanya.

Muna godiya ga likitoci da ma'aikatan jinya da suka yi iya ƙoƙarinsu. Muna godiya ga waɗanda suka ba da jini, da waɗanda suka zauna da iyalin tun ranar farko, da duk wanda ya bar aikinsa ya zo yau.

Allah ya jiƙan Malam, ya yafe masa kurakuransa, ya haskaka kabarinsa, ya karɓi abin da ya yi a bakin ƙofar nan. Allah ya ba Inna da Mama da yaran juriya, ya tsaya musu. Allah ya ba yarinyar nan lafiya, ya ba direba lafiya. Allah ya tsare hannayenmu daga jinin mutane. Shi kuma wanda ya ɗaga bulon, Allah ya hana zuciyarsa sukuni har sai ya faɗi gaskiya, idan ya faɗa kuma, Allah ya yafe masa.

Amin. Wassalamu alaikum.