Lamba Talatin da Matan da Ba Sa Ciwo

Mai girma shugaban wannan taro. Mai girma Hakimi, ranka ya daɗe. Babban Jami'in Lafiya na yanki, wanda ya sha hanya tun asuba da garkuwa naɗe cikin tawul. Limamanmu da fastocinmu. Arɗo da jama'arsa. Iyayena mata na Ushafa da kuka bar tukwane a rana kuka zo. Da sauran mutanen Bwari, na kan benci da waɗanda benci bai ishe su ba: assalamu alaikum, barkanmu da hantsi.

Sunana Lantana. Ni ce mai tattara alƙaluman asibitocin wannan yanki, in tara, in kasa, in aika hedikwata. Ina godiya da aka ba ni minti goma in bayyana dalilin da ya sa asibitinmu na sha-ka-tafi ya ci garkuwar bana, ta 1974. Ina ƙara godiya da ba wanda ya nemi ya ga jawabin kafin in tashi.

Na farko, albishir. Bisa ga takardunmu, shekara biyu cur ba a sami mace mai ciki ko ɗaya da ta yi zazzaɓi a ƙasar nan ba. Ba wadda ta ƙone, alhali a Ushafa mata ne ke tsaye kan wutar gashin tukwane. Ba wadda haƙori ya hana barci. Maciji kansa, da alama, idan ya hango mai ciki a gonar doya sai ya gaishe ta ya kauce. Na yi shekara uku a jami'a, ban ji malamin da ya san wannan magani ba. Ashe yana nan Bwari: mace ta ɗauki ciki, cuta ta sallame ta.

Na biyu, yadda aka yi wannan abin al'ajabi, don sauran gundumomi su koya. Katin mara lafiya yana da gida guda tak na rubuta lamba. Zazzaɓi lamba huɗu, tari sha biyu, ƙuna sha tara, ciki talatin. Takardar umarni kuma ta ce duk macen da ke da juna biyu a rubuta mata talatin. Ba ta ce a tambaye ta abin da ya kawo ta ba.

Fatu, matar Hammawa, saniya ta shure ta a gwiwa wajen tatsa, aka kawo ta bisa jaki. Talatin. Naomi ta zo da hannu a saɓule, wutar tukwane ta lashe shi. Talatin. Hedikwata ta ga talatin ta yi yawa, ta ji daɗi ƙwarai, ta aiko mana da ƙwayar ƙarin jini kwali goma sha ɗaya, ta rage mana bandeji. Wannan adalci ne. Mutanen da ba sa ƙonewa me za su yi da bandeji?

Kada kowa ya harari Malam Yamusa, malamin asibitinmu, ga shi can ya sunkuyar da kai. Ni na tara lambobin nan. Ni na rubuta rahoton da Turanci mai kyau, har da jan layi a ƙarƙashi. Da ba don wani kati ya suɓuce mini ya faɗi a kife ba a watan jiya, da yanzu ina gaba wajen tafi. A bayan katin na ga rubutu da fensir: tari, wata uku, da jini. Na juya na biyu, na juya na uku, na juya ɗari biyu da shida. Shekara biyu Malam Yamusa yana rubuta wa gwamnati abin da take so a gaba, yana rubuta gaskiya a baya, inda ba mu taɓa dubawa ba saboda mun yi karatu.

Katin da ya faɗi na Magdalene ne, maginiyar tukwane, cikinta wata shida. Sau huɗu tana takowa daga Ushafa. Na tambaye su, ita da Malam Yamusa, yadda aka yi a zuwan ƙarshe, kuma bakinsu ya zo ɗaya.

Ta ce, "Malam, ciki bai dame ni ba. Wannan na biyar ne, na san hanyarsa. Ƙirji ne."

Ya ce, "Na ji, Mama. Amma gida ɗaya ne a katin."

Ta ce, "To ka sa ƙirjin a gidan. Cikin ai kowa na ganinsa, ba sai ka rubuta ba."

Ya ce, "Oga zai dawo mini da katin."

Ta ce, "Oga ɗin nan, shi ma tari yake yi?"

Ban san amsar ba, ranka ya daɗe Babban Jami'i, amma tun da ka zauna ban ji ka yi ba. Allah ya ƙara lafiya.

Na uku, kuma shi ne ya tsayar da ni a nan. Ran Alhamis motar ɗaukar hoton ƙirji za ta zo. Yini ɗaya za ta yi, ba ta dawowa sai bayan damina mai zuwa. Ba ta ɗaukar kowa sai wanda gaban katinsa ke da lamba sha biyu, kuma sai da hoton ake ba da magani. Ma'aikatan motar ba sa juya kati. Su ma sun yi karatu. Mata tara ne ke da tari a bayan kati da talatin a gaba. Ran Alhamis za su tsaya a gindin mangwaron can, su yi tari, su kalli mazajensu suna shiga mota. Magdalene za ta haihu kafin motar ta dawo, idan ƙirjin ya yarda ya jira, kuma jaririn a kan ƙirjin nan zai kwanta.

Ba na neman sabon gini. Ba na neman kwamiti, domin na san kwamiti zai fi cikin nan daɗewa. Layi ɗaya nake nema, a ja shi a tsakiyar gidan lamba ya zama gida biyu: na sama abin da ya kawo ta, na ƙasa cewa tana da ciki. Na saman don a yi mata magani, na ƙasan don kada a ba ta abin da zai cuci ɗan. Mace za ta iya ɗaukar tulu a ka da goyo a baya. Ina jin kati ma zai iya ɗaukar lamba biyu.

An gaya mini jan wannan layi sai da sa hannun Babban Jami'in Lafiya, kuma samunsa a ofis yakan ɗauki wata uku. Allah cikin ikonsa ya kawo mana shi har gida, ya zaunar da shi gaban tebur. Ga katuna tara, na ja layin da kaina. Ga alƙalami, na gwada shi, yana rubutu. Mama Magdalene, taso ki miƙa masa naki. Kada ki danne tarin, an rubuta cewa ba kya yi.

Garkuwar za ta iya jira, ranka ya daɗe. Katako ce.

Allah ya sauki masu ciki lafiya, ya ba masu tari sauƙi, ya saka wa Malam Yamusa da fensirinsa. Allah ya mai da kowa gidansa lafiya, ya ba shugabanninmu ikon juya takarda.

Na ga an buɗe alƙalamin. Na gode.