Ku Dawo Mini da Faifan Maigidana

Assalamu alaikum, Malam mai gabatarwa. Rabi ce, malamar makaranta daga Suleja.

Wata uku ke nan da na ba ku aron faifai don shirin tarihin makaɗa. Na wasu samari baƙar fata ne daga wani ƙaramin garin Amurka, masu kiɗan fank. Faifai ɗaya suka buga, suka watse. Marigayi maigidana a hannunsu ya sayo shi da ya je kwas.

Tarihin ba ku bayar ba, faifan ba ku dawo da shi ba. Duk Asabar kuna kunna shi kuna surutu a kansa, har ya fara tsalle!

Masu sauraro, in ƙara haƙuri ko in hau mota? Malam, ka sani dai ranar Asabar ba ni da aji.